Mai Raɗa a Kunne

Yara, in kun zauna da dare a Minjibir kuna kallon labarai a talabijin, ku dubi kunnen mai karanta labarin da kyau. Wani lokaci za ku hangi wata 'yar siririyar waya ta bi ta bayan wuyansa, ta shige cikin riga. A bakinta akwai wani ɗan abu kamar ƙwayar gyaɗa, an cusa shi cikin kunne. Ga shi ƙarami, amma aikinsa babba ne.

A Ibadan aka buɗe gidan talabijin na farko a Nijeriya, cikin 1959. Na farko a Arewa kuwa a Kaduna ne, cikin 1962. A irin waɗannan gidaje, wanda muke gani ba shi kaɗai yake aiki ba. Akwai mai tsara shiri, yana zaune a wani ɗaki dabam, idonsa a kan agogo. In yana da magana, sai ya danna wani maɓalli ya faɗa. Muryarsa ta bi waya, ko ta bi iska, har ta isa kunnen mai karatu. Mu da muke gida ba mu jin kome.

Yakan ce, "Fara." Ko ya ce, "Saura minti ɗaya." In sabon labari ya zo, sai ya raɗa masa. In kuwa mai karatu ya yi kuskure wajen sunan wani gari, sai ya gyara masa nan da nan, domin magana zarar bunu ce, kuma dubban mutane suna saurare.

Ku tuna da garmar shanu. Mai riƙe da garma yana baya, yaro yana gaba yana jan shanu. In ba su ji maganar juna ba, kunya sai ta karkace. Haka aikin nan yake. Wuyarsa ita ce, bakin mai karatu yana magana, kunnensa yana saurare, fuskarsa kuma ba ta nuna kome ba. Wannan sai wanda ya koyi kasa kunne tun yana yaro.

Tambayoyi
1. Ina mai tsara shiri yake zama?
2. Don me ake gyara kuskure nan da nan?