Darasin Kiwon Lafiya: Zaburar da Ba ta Firgita Ba Ce

'Yan'uwa, a darasinmu na wannan wata za mu duba wata irin farfaɗiya da ke kama jarirai, wadda sau da yawa iyaye ba sa gane ta, domin ba ta yi kama da farfaɗiyar da muka saba gani ba. Babu kumfar baki, babu suma, jikin yaron kuma ba zafi. Likitoci suna kiranta ciwon West, da sunan wani likita na ƙasar Ingila, William West, wanda ya bayyana ta a rubuce a shekarar 1841 bayan ya gan ta a jikin ɗansa na cikinsa.

Takan fara ne kafin yaro ya cika shekara, galibi tsakanin wata 4 zuwa wata 8. Sai a ga kansa ya sunkuya farat ɗaya, hannuwansa sun ware ko sun naɗe, gwiwoyinsa sun hau zuwa ciki. Abin bai wuce daƙiƙa ɗaya ko biyu ba. Ya saki jiki, jim kaɗan ya sāke, ya kuma sākewa, a jere har na 'yan mintoci, musamman sa'ad da ya farka daga barci. Da yake yakan yi kuka bayan haka, kakarsa sai ta ce ciwon ciki ne, a dama masa jiƙo.

Lalle kam, ba kowace zabura ce ciwo ba. Jariri sabon haihuwa yakan ware hannu in ya ji ƙara, wannan kuwa yakan ɓace kafin wata 6. Wani yakan yi fizge-fizge cikin barci, da an tashe shi sai ya daina. Jijjigar zazzaɓi kuma da zafin jiki take zuwa. Amma zaburar da take zuwa a jere ba tare da abin da ya tsorata yaron ba, ita ce abin lura. In kuma yaron da ya saba murmushi ya daina, ba ya bin fuskar mahaifiyarsa da ido, ko ya daina zaman da ya fara koya, to, kada a kwana ana shawara.

Tushen ciwon a ƙwaƙwalwa yake. Doguwar naƙuda da ta hana jariri numfashi da wuri, da sanƙarau, suna cikin abubuwan da ke jawo shi. Wani yaron kuwa da matsalar aka haife shi. Ba ya yaɗuwa daga yaro zuwa yaro, ba kuma laifin uwa ba ne. Muna addu'a domin marasa lafiyarmu, daidai ne, amma mu yi ta muna kan hanyar asibiti, gama kowane mako da aka ɓata yana rage wa yaron damar girma da cikakken hankali.

Kafin a tafi, a ɗauki bidiyon zaburar da waya, domin mai yiwuwa ba za ta zo a gaban likita ba. A nemi likitan yara, a roƙa a tura yaron gwajin ƙwaƙwalwa da ake kira EEG; sau da yawa sai an je babban asibitin koyarwa, kamar na Jos, Zariya ko Kano. Maganin farfaɗiya na yau da kullum bai cika tsai da wannan ciwo ba. Waɗanda aka fi amfani da su su ne prednisolone, ko allurar ACTH, ko vigabatrin, likita ne kaɗai zai zaɓa ya kuma auna. Kada a saya a kyamis, kada kuma a tsai da maganin don an ga zaburar ta lafa, sai likita ya ce.