Madaki Auwa Da Uwar Sarkin Ingila: Nazari A Kan Matan Gidan Sarauta

Idan malami ya tambayi ɗaliban firamare a nan Keffi su ambaci wata mace da ta riƙe mulki a zamanin dā, kafin ya rufe baki za su amsa masa da Sarauniya Amina. Idan ya ce su kawo ta biyu, sai aji ya yi tsit. Mu iyayensu ma ba mu fi su da yawa ba. Hoton da ya zauna mana a rai shi ne na mace bisa doki da takobi a hannu, har muna zaton wadda ba ta hau doki ba, ba ta taɓa mulki ba. A nazarinmu na wannan fitowa za mu bar filin daga mu shiga cikin gida, gama a can ne yawancin matan sarauta suka yi rayuwarsu, daga can kuma suka juya al'amuran ƙasa. Muna roƙo a karanta shi tare da yara, musamman 'yan mata.

Bari mu ba Amina hakkinta tukuna. Tsohon littafin tarihin sarakunan Kano, wanda Bature H. R. Palmer ya fassara daga Larabci zuwa Turanci a 1908, ya sa zamaninta daidai da na Sarkin Kano Dauda, wato tsakanin 1421 da 1438. Ya nuna ta ci garuruwa har zuwa Kwararrafa da Nufe, Sarkin Nufe ya aika mata da babanni 40 da goro 10,000, ta kuma yi shekara 34 tana yaƙe-yaƙenta. Waɗansu masana sun fi yarda da labarin Zazzau, wanda ya ce ita 'yar Bakwa Turunku ce, suka sa ta a ƙarni na 16. Ko wanne aka ɗauka, a lokacin ba a kafa Keffi ba tukuna, amma ƙasar nan da ke tsakanin Zariya da kogin Binuwai tana cikin inda idon Zazzau yake kallo. Amina dai daban take, shi ya sa aka riƙe sunanta. Wanda yake son sanin yadda matan sarauta suka saba zama, sai ya dubi wata.

Matar da ta tsare Kano

Muhammadu Rumfa ya yi sarautar Kano daga 1463 zuwa 1499. Shi ya gina fadar da har yau ake kira Gidan Rumfa, ya kafa kasuwar Kurmi, ya fara majalisar Tara ta Kano. Littafin tarihin ya ce shi ne kuma ya fara al'adar kulle. Mai karatu zai ce, to, shi ke nan an rufe wa mata ƙofa. Abin mamaki shi ne, mace mafi ƙarfi da littafin ya ambata a cikin birnin Kano daga wannan gida ta fito. Sunanta Auwa, matar Rumfa, uwar Abdullahi wanda ya gaje shi.

Ana kiranta Madaki Auwa. A lura da wannan laƙabi. Madaki sarauta ce ta maza, ta shugaban mayaƙan dawakai, ga shi an liƙa ta ga sunan mace. Tana da gidanta na kanta, wanda aka riƙa kira Gidan Madaki Auwa. Sa'ad da ɗanta Abdullahi ya fita yaƙi da Katsina, daga baya kuma da Zazzau, ya daɗe ba ya gari. A bayansa Dagaci, wani babban basarake mai asali daga gidan sarautar Barno, ya shiga shirin tawaye. Da sarki ya komo sai ya tarar uwarsa ce kaɗai ta hana wutar ta kama. Ba ta ja runduna ba. Abin da take da shi shi ne kwarjini, da dukiya, da mutanen da suke jin maganarta, da sanin wanda za a kira a rarrasa da wanda za a tsorata. Duk wanda ya taɓa ganin yadda tsohuwar gida takan kashe rigimar gado da kalma uku, ya san irin wannan iko.

Abdullahi ya yi shekara goma, ɗansa Muhammadu Kisoki ya hau a 1509 bisa lissafin Palmer. Shi ma bai yi mulki shi kaɗai ba. An rubuta cewa ya riƙe gari tare da uwarsa Lamis, da kakarsa Auwa, da Guli ɗan'uwan Auwa. Wato mace ɗaya ta ga mulkin mijinta, da na ɗanta, da na jikanta, hannunta kuwa yana cikin biyu na ƙarshe dumu-dumu. Mai karanta Littafin Sarakuna ba zai yi mamaki ba, gama a can ma akan ambaci sunan uwar kusan kowane sarkin Yahuza, Sulemanu kuma ya sa aka ajiye wa Batsheba kujera a hannun damansa.

Takwararta a Ingila

A riƙe wannan shekara ta 1509, domin a cikinta ne wata tsohuwa a Ingila ita ma ta ga jikanta ya hau gadon sarauta. Ba su san juna ba, ba su ma san da ƙasashen juna ba. Mun kawo ta ne domin Turawa sun ajiye takardun rayuwarta dalla-dalla, abin da ba a yi wa Auwa ba, don haka labarinta yana haska mana farashin da irin waɗannan mata suka biya.

An haifi Magaret Bofot a 1443, jinin sarauta ce ta gidan Lankasta. Mahaifinta ya mutu tana da shekara ɗaya, ya bar mata filaye masu yawa. A Ingila ta wancan zamani, marainiya mai gado tana hannun sarki, shi ke ba da riƙonta ga wanda ya ga dama, mai riƙon kuwa yakan aurar da ita ga ɗansa domin dukiyar ta shigo gidansa. Haka aka yi mata. An ɗaura mata aure tana 'yar shekara shida ko bakwai, aka warware shi da siyasa ta juya. A 1455, tana da shekara 12, aka ba da ita ga Edmond Tuda, ɗan'uwan sarki ta wajen uwa. Shekara ɗaya bayan haka annoba ta kashe shi yana tsare a hannun abokan gaba. A Janairun 1457 ta haifi ɗanta Henri, tana gwauruwa 'yar shekara 13. Haihuwar ta kusa halaka ta da jaririn, ba ta kuma sake haihuwa ba ko da yake ta ƙara aure sau biyu. Iyayen da har yanzu suke ganin aurar da ƙaramar yarinya ga mai hali gata ne, su tsaya a nan su yi tunani. Wannan 'yar manyan Ingila ce, da barori kewaye da ita, duk da haka jikinta bai tsira ba.

A waɗannan shekaru gidajen Lankasta da Yok suna yaƙin basasa a kan sarauta. A 1471 gidan Yok ya yi rinjaye, aka gudu da Henri zuwa Biritani a arewacin Faransa ta yau, ya yi shekara 14 yana gudun hijira. Uwarsa ta zauna a gida, ta auri Tomas Stanli, babban basarake mai sojoji da yawa, ta riƙa shiga fadar abokan gaban ɗanta tana gaisuwa. A ɓoye kuwa tana aika wasiƙu da kuɗi. Ita ce ta ƙulla da Elizabet Wudbil, gwauruwar Sarki Edwad na Huɗu, cewa idan Henri ya ci sarauta zai auri 'yarta, gidajen biyu su zama ɗaya. Mata biyu da ba su da soja ko ɗaya suka tsara abin da maza suka kasa da takobi. A 1483 asirinta ya tonu, Sarki Richad na Uku ya ƙwace filayenta ya damƙa wa mijinta, ya umarce shi ya tsare ta a gida. Kulle ke nan, ko da ba haka suke kiransa ba. A ranar 22 ga Agusta 1485 Henri ya ci Richad a yaƙin Boswat, da taimakon sojojin gidan Stanli, ya zama Sarki Henri na Bakwai.

Daga nan aka riƙa kiranta Uwar Sarki. Majalisar dokoki ta yi mata doka ta musamman domin ta mallaki dukiyarta da sunanta. Dalili kuwa shi ne, a dokar Ingila ta lokacin, abin da matar aure take da shi yana ƙarƙashin ikon mijinta, sai ta zama gwauruwa take samun sulusin filayensa ta ci amfaninsu har ta mutu. A nan matar fada a Kano ta fi ta sauƙi, gama shari'ar Musulunci ba ta mayar da dukiyar mace ta mijinta. Da dukiyarta Magaret ta kafa Kwalejin Almasihu a Jami'ar Kambirij a 1505. Ɗanta ya mutu a Afrilun 1509, ta ga an naɗa jikanta Henri na Takwas ranar 24 ga Yuni, ta rasu bayan kwana biyar.

Abin da ya haɗa su a fili yake.  Ikonsu ya zo ta wurin ɗa namiji, ya kuma yi ƙarfi bayan mutuwar miji. Da ɗan ya faɗi, da sun faɗi tare da shi.

Sarautun da suka koma hannun maza

Amma kada a ɗauka kowace mace sai ta raɓu da ɗa take samun matsayi. A ƙasar Hausa akwai sarautun da na mata ne tun asali, da filayensu da barorinsu. Daura tana da jerin sarauniyoyi kafin labarin Bayajidda da Daurama, sarautar Magajiya kuma ba ta mutu a can ba. A Gobir akwai Inna, 'yar gidan sarauta, shugabar mata da masu bori, wadda takan tsaya wa gari idan sarki ba ya nan. Ana naɗa ta har yanzu a Tsibiri kusa da Maraɗi. A tsohuwar Zazzau akwai Sarauniya, 'yar sarki, da Iya, ɗaya daga cikin matan mahaifin sarki. Sa'ad da jihadi ya kori Sarki Makau daga Zariya a farkon ƙarni na 19, danginsa suka tafi da waɗannan sarautu zuwa Abuja ta dā, wadda yanzu ake kira Suleja. A Zariya kuwa sababbin masu mulki suka ba maza sarautar Iya. Shi ya sa yau idan ka ji an ce Iyan Zazzau, dattijo ne mai rawani, ko da yake kalmar kanta uwa take nufi.

Waɗanda ba a rubuta sunansu ba

Akwai wani gefen labarin da ya shafe mu kai tsaye, bai kuwa kamata mu tsallake shi ba. Littafin da ya yabi Rumfa ya ce shi ne sarki na farko da ya tara mata dubu, ya kuma sa aka riƙa zagawa ana kamo masa 'yan mata. Mafi yawan matan fada ba 'ya'yan sarakuna ba ne. Ƙwaraƙwarai ne da kuyangi, bayi. Heidi Nast, wata Ba'amurkiya da ta yi bincike a Gidan Rumfa ta buga littafinta a 2005, ta nuna cewa ƙwaraƙwaran nan su ne suka riƙa kula da hatsin haraji da rumbunan fada, har da rinin baba a cikin gida. Babbarsu ita ce Uwar Soro. Jakadu mata ne ke shiga da fita da saƙo tsakanin cikin gida da zaure. Wanda ya riƙe rumbu ya san abin da kowane gari ya noma, ya san wanda ya kawo da wanda ya ƙi. Ilimi ne na mulki, a hannun matan da aka raba da iyayensu.

Daga ina ake kawo su? A ƙarni na 19 amsar ta iso ƙofar gidanmu. Abdu Zanga ya kafa Keffi wajen 1800, garin ya zama ƙarƙashin Zazzau tare da Nasarawa da Jama'a, ana kai gandu Zariya kowace shekara, bayi kuma suna cikin abin da ake kaiwa. Ƙauyukan da hare-haren suka riƙa faɗa wa na mutanen wannan yanki ne, irin su Yeskwa, Gwandara, Gade, Afo, Mada da Eggon, shi ya sa da yawa suka hau duwatsu suka zauna. Iyalai da dama da ke karanta wannan mujalla suna da labarin wata kakar kaka da ta tafi rafi ko gona ba ta komo ba. Ba mu faɗi wannan domin a tayar da tsohon miki tsakanin maƙwabta ba. A gidajen sarautar ma akwai jinin waɗannan mata. Bisa shari'a ɗan ƙwarƙwara ɗa ne kamar kowa, yana gado, yana iya zama sarki, uwarsa kuma tana samun 'yanci idan maigidanta ya mutu. Saboda haka yarinyar da aka kamo da igiya tana iya tsufa a matsayin Mai Babban Ɗaki, hakimai suna faɗuwa suna gaishe ta. Kaɗan ne suka kai can. Sauran sun ƙare a bakin turmi da murhu.

Turawa sun shelanta cewa duk yaron da aka haifa daga 1 ga Afrilu 1901 ɗa ne, ba bawa ba. A shekarar da ta biyo, Magajin Keffi Ɗan Yamusa, wakilin Sarkin Zazzau a garin, ya kashe Kyaftin Maloni ya gudu Kano, abin da Lugga ya riƙe cikin dalilansa na kai wa Kano yaƙi a 1903. Ba a haramta bauta ɗungum a Arewa ba sai 1936, matan cikin gida kuwa su ne na ƙarshe da dokar ta isa gare su, domin jami'in gwamnati ba ya ƙetare zaure.

Littafin tarihin Kano ya kiyaye sunan uwar kusan kowane sarki. Da haka muka san Auwa, muka san Lamis. Sauran matan Rumfa kuwa, dubu aka ce, aka wuce zuwa zancen kakaki da figini.