Mece Ce Nonliniya? Kalmar Da Ke Bayyana Dalilin Da Cajin Waya Ke Rage Gudu Daga Kashi 80

A shagunan sayar da waya na PZ da ke Sabon Garin Zariya ba a rasa jin wannan ƙorafi: an sayi sabuwar waya, a jikin kwalinta an rubuta tana hawa kashi 50 cikin minti 30, amma an jona ta awa ɗaya cur ba ta cika ba. Mai wayar sai ya yanke hukunci cewa jabu aka sayar masa, ko kuma cajar ce ba ta asali ba. Sau da yawa wayar lafiyarta lau, cajar ma haka. Lissafin da ya yi a kansa ne bai dace da batir ba, domin ya ɗauka idan rabi ya ci minti 30, ɗaya rabin ma minti 30 zai ci. Masu fasaha na da kalma guda da suke kiran abin da ba ya bin irin wannan lissafi, ita ce nonliniya. Darasin yau a kanta yake.

Asalin kalmar da ma'anarta

Kalmar Turanci ce mai gaɓa biyu. Gaɓar farko, wato non, tana nufin "ba shi ba". Ta biyu kuwa, liniya, tana nufin abin da ke bin miƙaƙƙen layi. Tushenta Latin ne, daga sunan zaren da ake miƙarwa don a auna abu, kamar dai igiyar da magini ke ja kafin ya fara jera bulo. Ita kanta kalmar "layi" da Hausa ta ara daga Turanci, gidansu ɗaya. A dunƙule, nonliniya na nufin abin da ba ya tafiya a kan miƙaƙƙen layi.

Layin da ake magana a kai ba na titi ba ne, na girafi ne, irin wanda ake zanawa a darasin lissafi na sakandare. Misali shagon fotokwafi a bakin Jami'ar Ahmadu Bello da ke Samaru. A ce kowane shafi naira 30 ne. Shafi 10 zai kama naira 300, shafi 20 naira 600, shafi 30 naira 900. Duk shafi goma da aka ƙara, naira 300 ake ƙarawa, ko a farko ko a ƙarshe. Idan aka ɗiga waɗannan lambobi a takardar girafi aka haɗa su, miƙaƙƙen layi zai fito. Wannan ita ce liniya. Da zarar mai shagon ya ce daga shafi 100 zuwa sama zai yi ragi, layin ya karye, an shiga nonliniya.

To ga gwajin da za a riƙe: idan aka ƙara abu daidai wa daida, sakamakon ma daidai wa daida yake ƙaruwa kullum? Idan amsar e ce, liniya ne. Idan ƙarin farko ya ba da abu mai yawa, na gaba ya ba da kaɗan, ko akasin haka, nonliniya ne.

Batir

Wayoyin Tecno, Infinix, itel, Samsung da iPhone duk batirin lithiyom ne a cikinsu, kuma mataki biyu ake bi wajen cajinsa. A matakin farko cajar na tura wuta da ƙarfi ba raguwa, ƙarfin bolt na batirin na hawa, kashin da ke kan sikirin na gudu. Idan bolt ɗin ya kai iyakar da aka tsara masa, wanda a batiran waya yake tsakanin 4.2 zuwa kusan 4.5, sai a shiga mataki na biyu: a tsayar da bolt ɗin a nan, a riƙa rage wutar da ke shiga sannu a hankali har ya cika. Kamar mai cika jarka ne da ke rage famfo idan ruwa ya kusa baki. Idan aka ci gaba da ɗura wa batiri wuta da ƙarfin farko, zai yi zafi, ya kumbura, ya mutu da wuri, wani ma ya kama da wuta. Yawanci daga kashi 70 zuwa 80 ake fara ganin wannan raguwa. Shi ya sa kamfanoni ke tallata lokacin da waya ke ɗauka ta kai kashi 50, domin nan ne ɓangaren da ya fi sauri. Ba ƙarya suka yi ba, amma gefen da ya fi kyau suka nuna.

Sanin wannan na da amfani a garin da wutar NEPA ba ta da tabbas. Idan an kawo wuta a ɗakin ɗalibai, caja ɗaya, waya biyu, ɗaya tana kashi 15 ɗaya tana 85, wadda ke 15 ya kamata a jona. Minti ashirin a gare ta riba ce babba, ita kuwa ta 85 kaɗan za ta ƙaru. Haka wanda ya kai waya wurin mai caji a kasuwar Samaru, zaman jiran kashi goman ƙarshe shi ne mafi tsawo kuma mafi ƙarancin amfani. A lokacin zafin Maris da Afrilu kuwa, wayar kan ƙara rage gudun cajin da kanta idan jikinta ya ɗumama, musamman in ana danne-danne tana jone. Akwai wayoyin da ke tsayawa a kashi 80 da gangan don batirin ya daɗe. iPhone ta shigo da irin wannan tsari a iOS 13 cikin 2019. Kafin a biya kuɗin canza batir, a leƙa saitin batirin tukuna.

Saukar cajin ma nonliniya ce. Waya ba ta leƙa cikin batir ta ga abin da ya rage kamar yadda ake leƙa tankin mai. Kintace take yi daga bolt da kuma wutar da ta ƙirga ta shiga ta fita. Bolt ɗin lithiyom yakan daɗe yana sauka a hankali, sai dab da ƙarewa ya faɗi da sauri. Idan batiri ya tsufa kintacen kan kauce, shi ne ake ganin waya tana kashi 20, a buɗe kyamara ta ɗauke. Wannan kam alama ce ta gaske cewa batirin ya gaji, saɓanin jinkirin caji daga 80.

Sauti da sabis

Inda rashin sanin nonliniya ya fi cutarwa shi ne kunne. Ana auna sauti da desibel, kuma desibel ba ya ƙirga kamar mudu. Ƙarin desibel 3 kacal na nufin ƙarfin sautin ya ninka biyu. Ƙarin desibel 10 na nufin ya ninka goma, alhali kunne ji yake kamar sau biyu kawai ya ƙaru. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce baligi zai iya sauraren sauti mai desibel 80 na tsawon awa 40 a mako ba tare da illa ba, amma a desibel 90 lokacin ya koma awa 4 a mako. Daga 80 zuwa 90 a ido tazara ce 'yar kaɗan, a kunne kuwa kashi tara cikin goma na lokacin ya tafi. Matashin da ya sanya iyafis a cikin bas daga Samaru zuwa Kwangila, ya ƙara murya don ya danne ƙarar inji, danna biyu ko uku da ya yi a sama sun fi danna biyar na ƙasa nauyi nesa ba kusa ba. Gargaɗin da Android ke fitarwa idan an haura wani mataki ba iyayi ba ne. Jijiyoyin ji da ƙara ta kashe ba sa dawowa.

Ƙarfin sabis ma da irin wannan ma'auni ake rubuta shi. A saitin yawancin wayoyin Android, wurin bayanin layin SIM, akwai lamba mai alamar ɗebewa da dBm a gabanta. Wayar da ke nuna -70 da wadda ke nuna -100, bambancinsu ba talatin ba ne, ta farkon ta ninka ta biyun sau dubu a ƙarfin siginar da take karɓa. A fili fetal, idan nisa daga turken sabis ya ninka biyu, siginar kan koma kashi ɗaya cikin huɗu, a cikin gari kuma gine-gine na ƙara cinye ta. Sandunan nan huɗu ko biyar da ke saman sikirin kowane kamfani da yadda yake raba su, don haka kwatanta waya biyu da su aikin banza ne.

Kyamara kuwa a taƙaice: hoto mai megafiksel 12 yana da ɗigo 4000 a tsawo da 3000 a faɗi, mai 48 yana da 8000 da 6000. Lambar ta ninka huɗu, kowane gefe biyu kawai ya ninka.

Bashin manhaja

Manhajojin ba da rance sun cika wayoyi, kuma nan ma kalmar na aiki. A ɗauki misali don lissafi kawai: rancen naira 10,000 da ruwan kashi 10 a wata. Idan a kan uwar kuɗin kaɗai ake ɗora ruwan, naira 1,000 ce ke ƙaruwa duk wata. Bayan shekara bashin ya zama 22,000, bayan shekara biyu 34,000. Miƙaƙƙen layi ke nan. Idan kuwa ruwan ma yana haifar ruwa, bayan shekara an kai kusan 31,400, bayan shekara biyu kusan 98,500. A wata ukun farko bambancin naira 310 ne kawai, shi ya sa mutum ba ya farga sai layin ya miƙe sama. Ban da hukuncin riba da malamai suka yi bayani, lissafin kansa ya isa a karanta sharuɗɗa kafin a danna amincewa.

Ma'ana ta biyu: rashin bin jeri

Masu tace bidiyo na amfani da kalmar ta wata fuska. A wurinsu liniya na nufin bin abu daga farko zuwa ƙarshe a jere. Zamanin kaset, wanda finafinan Hausa suka taso a cikinsa tun daga Turmin Danya a 1990, ana kwafar fitowa daga wannan kaset zuwa wancan ɗaya bayan ɗaya. Idan aka kai minti na arba'in sannan darakta ya ce a cusa wata fitowa a minti na biyar, sai an sake kwafar duk abin da ya biyo baya. Tacewa ta nonliniya ita ce wadda za a taɓa kowane wuri a kowane lokaci, a yanke, a matsar, a mayar, asalin bidiyon na nan bai taɓu ba. Na'urar farko mai yin haka, CMX 600, ta fito a Amurka a 1971, Avid ta biyo a 1989, Adobe Premiere a 1991. Yau duk mai jan guntun bidiyo da yatsa a CapCut ko KineMaster tacewar nonliniya yake yi, ko bai taɓa jin sunan ba. Da wannan ma'anar ce ake cewa gem nonliniya ne idan ɗan wasa ke zaɓar inda zai fara, ko fim nonliniya ne idan ya fara da ƙarshen labari.

Masu koyon rubuta manhaja za su ci karo da kalmar a darasin ƙirƙirarriyar basira. Idan aka jera matakan lissafi na liniya ɗari ɗaya kan ɗaya, abin da zai fito liniya ne dai, kamar mataki guda. Dole sai an saka wani ɗan lissafi mai karya layi a tsakaninsu. Wanda aka fi amfani da shi, ReLU, sauƙinsa har da ban dariya: lamba in ta gaza sifili a mayar da ita sifili, in ta haura a bar ta yadda take. Ba don wannan karyewar ba, waya ba za ta gane fuskar mai ita ba.

Inda ba a sa kalmar

Kuskuren da ake yawan yi shi ne kiran duk abu mai lanƙwasa nonliniya. Titunan Sabon Gari, waɗanda aka shata zamanin Turawa, miƙaƙƙu ne masu gilma juna. Lungunan cikin birnin Zazzau kuwa karkacewa suke yi suna bin katangun gidaje. Ba a ce wa lungun nonliniya, domin siffa ce ake magana ba dangantakar abu biyu ba. Kalmar da masu zane ke amfani da ita ga siffa ita ce kurbiliniya, wato mai lanƙwasassun layuka, kishiyarta kuma rektiliniya, mai miƙaƙƙu. Bakan gizon da Babban Gwani Muhammadu Durugu ya ɗaga a Masallacin Juma'a na Zariya a ƙarni na 19 kurbiliniya ne, haka dagin Arewa da zanen lalle. Da Hausa "lanƙwasasshe" ta wadatar, ba sai an aro komai ba.

Akwai dai wurin da kalmomin biyu ke haɗuwa, kuma yana gaban mai karatu yanzu haka. Haruffan da ke kan sikirin ba hotuna ba ne, lissafi ne. Kowace lanƙwasa ta "ɗ" ko "ƙ" an bayyana ta da 'yan ɗigogi uku ko huɗu: biyu na nuna farko da ƙarshe, sauran na jan layin zuwa gefensu kamar maganaɗisu. Ana kiran wannan lanƙwasar Beziye, da sunan Pierre Bézier, injiniyan kamfanin motoci na Renault a Faransa, wanda ya yaɗa ta a shekarun 1960 don zana jikin mota. Paul de Casteljau na Citroën ya riga shi gano hanyar a 1959, amma kamfaninsa ya ɓoye. Siffar da ke fitowa kurbiliniya ce, lissafin da ke haifar da ita nonliniya ne. Saboda lissafi ne, ana iya buɗa rubutu da yatsa biyu ya cika sikirin bakinsa na nan sumul, alhali hoton da aka turo ta WhatsApp yana fashewa ya zama dabbare-dabbare. Mai zana tambari a waya da ya ga kayan aiki mai siffar alƙalami, wanda ke fitar da ɗigo da 'yan hannaye biyu, waɗannan hannayen su ne ɗigogin da ke jan layin: a ja su nesa lanƙwasar ta yi zurfi, a dawo da su kan ɗigon ta koma miƙaƙƙen layi.