Darasi: Idan Kotu ta Kori Ƙara Saboda Rashin Zuwa

A ɗauka wani manomi ne a Sabon Garin Wudil. Ya sayar da sansa bashi a kara ran Juma'a. Wanda ya saya ya ƙi biya. Manomin ya kai ƙara kotu, aka sa ranar shari'a. Ana gobe za a zauna, zazzaɓi ya kwantar da shi. Da aka kira ƙara ba a gan shi ba, sai alƙali ya kore ta. Manomin ya ji labari ya ce shi ke nan, kuɗinsa sun tafi.

Kuɗinsa ba su tafi ba. Amma kwanakin da suka rage masa kaɗan ne.

Korar ƙara iri biyu ce

Ta farko ita ce wadda alƙali ya cire ƙara daga jerin shari'o'insa don mai ƙara bai zo ba. A nan ba a ji shaidu ba. Ba a ce wane ne mai gaskiya ba. Irin wannan ana iya roƙon kotun da ta kore ta ta maido da ita.

Ta biyu ita ce wadda alƙali ya saurari kowane ɓangare, sannan ya ce mai ƙara ba shi da gaskiya. Wannan ba a maido ta a kotun nan. Sai dai a ɗaukaka ƙara zuwa kotun gaba.

Saboda haka abu na farko shi ne mutum ya je wurin rajistara, ya tambayi irin korar da aka yi wa ƙararsa.

Akwai wa'adi

Kotu ba ta jiran mutum har abada. Tsofaffin dokokin Babbar Kotun Jihar Kano na 1988 sun ba da kwana 6 kacal ga wanda aka yanke hukunci ba ya nan, ya nemi a warware hukuncin. Sun kuma ba alƙali ikon ƙara masa lokaci idan ya kawo dalili mai ƙarfi.

Haka abin yake a wasu ƙasashe. A Indiya, dokar 1963 ta ba da kwana 30 daga ranar da aka kori ƙara. Wanda ya wuce haka sai ya gamsar da alƙali dalilin jinkirinsa.

Kowace kotu da dokokinta. Kotun Shari'ar Musulunci da nata, kotun majistare da nata, Babbar Kotu da nata. Rajistara zai faɗi yawan kwanakin kotunsa. Ana fara ƙirga kwanakin daga ranar hukunci. Wanda ya zauna gida yana jiran a aiko masa, kwanakinsa tafiya suke yi.

Abin da za a yi

1. A je kotu da zarar an ji labari. In jiki ya ƙi, a aiki ɗan'uwa.
2. A tafi da rasit ɗin kuɗin ƙara da lambar ƙarar.
3. A shigar da takardar roƙo a maido da ƙara. A Babbar Kotu ana haɗa ta da takardar rantsuwa mai bayyana dalili.
4. A kawo shaidar uzuri, kamar katin asibiti.

Rashin lafiya uzuri ne. Rashin samun sanarwar ranar zama ma uzuri ne. Amma mantuwa ko zuwa cin kasuwa da wuya alƙali ya karɓe su. Ko an maido da ƙara, alƙali yana iya sa mai ƙara ya biya abokin shari'arsa kuɗin wahalar da ya sha.

Rigakafi ya fi magani. Duk ranar da aka ɗage shari'a, a rubuta sabuwar ranar a littafi tun kafin a bar kotu. Wannan yana cikin amfanin iya karatu da rubutu.

Tambayoyi

1. Korar ƙara iri nawa ce?
2. Wace iri ce ake iya maidowa?
3. Wa za a fara tambaya a kotu?
4. Rubuta uzuri biyu da alƙali zai iya karɓa.