Bobi Or, mai tsaron baya a wasan ƙanƙara

1. Wasan hoki

Kanada ƙasa ce babba, tana arewa da Amurka. Sanyinta yana da ƙarfi ƙwarai. In hunturu ya shigo, ruwan tabki da na gulbi yakan daskare, ya zama ƙanƙara mai kauri, har mutum ya yi tafiya bisa kanta ba ta fashe ba. Bisa ƙanƙara ne yaran ƙasar suke yin wani wasa da ake kira hoki.

Mai wasan hoki yana sa takalma masu siririn ƙarfe a ƙasa, kamar bakin wuƙa. Da su yake sulɓi bisa ƙanƙara da gudu. Yana riƙe da doguwar sanda mai lanƙwasa a baki. Ƙwallon kuwa faifai ce ta baƙar roba mai tauri. Faɗinta santimetir 7 da rabi, kaurinta santimetir 2 da rabi. Filin manyan ƴan wasa yana da tsawon metir 61 da faɗin metir 26.

Kowace ƙungiya tana sa mutum 6 cikin fili: mai tsaron gida 1, masu tsaron baya 2, ƴan gaba 3. Ana wasan kashi 3, kowane kashi minti 20. Wanda ya jefa ƙwallo a raga yana samun maki 1. Wanda ya miƙa masa ita, shi ma maki 1.

2. Ƙuruciyar Bobi

An haifi Bobby Orr, wanda ake faɗin sunansa Bobi Or, ran 20 ga watan Maris 1948. Garinsu Parry Sound, wani ƙaramin gari na bakin ruwa cikin jihar Ontariyo. Su biyar ne wurin iyayensu, shi ne na uku. Ubansa ma'aikaci ne a wata masana'antar nakiya.

Yana da shekara 5 ya shiga ƙungiyar yara. Bobi ɗan ƙaramin yaro ne, ba shi da jiki. Amma akwai shi da sauri, ga ido. Wani tsohon ɗan wasa mai suna Bucko McDonald, wanda yake koya musu, ya mai da shi baya. Ya kuma bar shi ya riƙa tafiya gaba da ƙwallo in ya ga hanya.

Cikin 1961, manzannin ƙungiyar Bruins ta birnin Boston suka je kallon gasar yara a garin Gananoque. Nan suka ga Bobi. Cikin 1962, yana da shekara 14, ya soma wasa a ƙungiyar samari ta Oshawa. Yana karawa da waɗanda suka girme shi da shekara 4 ko 5. Ɗan hakin da ka rena, shi ke tsone maka ido.

3. Abin da ya sāke cikin wasa

A zamanin nan, aikin mai tsaron baya sananne ne. Ya tsaya kusa da gidansu, ya tare abokin gaba, ya ƙwace ƙwallo, ya miƙa wa ƴan gaba. Ba a cika ganin ɗan baya ya yi nisa da wurinsa ba.

Bobi ya zo Boston cikin 1966, yana da shekara 18. Aka ba shi riga mai lamba 4. Shi kam in ya ƙwace ƙwallo, yakan taso da ita tun daga bayan ragarsu, ya ratsa fili duka. Abokan gaba biyu ko uku su yo kansa. Da sun yo kansa, sai wani abokinsa ya samu sarari. Bobi ya miƙa masa ƙwallo, ko ya buga da kansa. In kuwa ƙwallo ta kuɓuce, saurinsa ya isa ya koma baya ya tsare gida.

A shekararsa ta farko aka zaɓe shi gwanin sababbin ƴan wasa. Daga 1968 zuwa 1975, sau 8 a jere, shi ne gwanin masu tsaron baya. Cikin 1970 ya fi kowa maki a babbar gasa, da maki 120. Ya sāke yin haka cikin 1975, da maki 135. Har yau ba a yi wani ɗan baya da ya fi kowa maki a wannan gasa ba. A wasannin 1970 zuwa 1971 ya tara maki 139.

4. Ranar 10 ga watan Mayu 1970

Babban kofin hoki sunansa kofin Stanley. Rabon Boston da shi tun 1941. Ran nan Boston tana karawa da ƙungiyar birnin Sen Luwi. Lokaci ya cika suna 3 da 3, sai aka ƙara lokaci: wanda ya fara ci, shi ya yi nasara.

Bayan sakan 40, Bobi ya miƙa wa abokinsa Derek Sanderson ƙwallo, ya ruga gaban raga. Sanderson ya maido masa, Bobi ya jefa ta ciki. Nan take sandar wani abokin gaba ta harɗe masa ƙafa. Ya tashi sama, hannuwa a miƙe, yana murna. Wani mai ɗaukar hoto ya ɗauke shi yana cikin iska. Cikin 2010 aka kafa gunkinsa a Boston, da siffar wannan hoto. Boston ta sāke cin kofin cikin 1972.

5. Gwiwa

Irin wasan Bobi yana da tsada. Mai ratsa mutane da gudu, dole a riƙa bangazarsa. Tun shekararsa ta farko ya ji ciwo a gwiwar hagu. Likitoci suka yi masa aiki sau da yawa. Kowane aiki yana rage guringuntsin da ke tsakanin ƙasusuwa, har ƙashi ya koma gugar ƙashi.

Cikin 1976 ya yi wa ƙasarsa wasa a gasar kofin Kanada. Gwiwar tana damunsa ƙwarai, amma Kanada ta ci kofin, kuma shi aka zaɓa gwanin gasar. Cikin wannan shekara ya koma ƙungiyar Shikago. A can wasa 26 kaɗai ya iya yi. Ya ƙi karɓar kuɗin albashinsa, don yana ganin bai yi aikin da aka ɗauke shi dominsa ba. Cikin 1978 ya bar wasa, yana da shekara 30.

6. Amana

Tun yana saurayi, Bobi ya danƙa sha'anin kuɗinsa ga wani lauya, Alan Eagleson. Shi ke yi masa ciniki da ƙungiyoyi, shi ke riƙe takardu. Bobi ya yarda da shi kamar wansa, ba ya bincike. Cikin 1971 ya sa hannu a yarjejeniyar dala miliyan 1 ta shekara 5. Amma da ya bar wasa aka yi lissafi, sai aka tarar bashin da ake binsa ya fi abin da ya mallaka.

Bobi ya rabu da lauyan, ya sāke neman abin kansa. Wani ɗan jarida, Russ Conway, ya bi diddigin Eagleson shekara da shekaru. Cikin 1998 Eagleson ya amsa laifin zamba gaban shari'a, aka ɗaure shi. Bobi kuwa, cikin 1996 ya zama wakilin ƴan wasa, yana duba wa samari takardunsu kafin su sa hannu.

Ma'anar kalmomi

Daskare: ruwa ya yi tauri saboda sanyi.
Sulɓi: zamewa bisa abu mai santsi.
Guringuntsi: abu mai taushi da ke bakin ƙashi a gaɓa.
Yarjejeniya: alkawari a rubuce tsakanin mutum biyu ko ƙungiyoyi.

Tambayoyi

1. Mutum nawa kowace ƙungiya take sa wa cikin fili? Faɗi aikinsu.
2. Mene ne aikin mai tsaron baya kafin zuwan Bobi?
3. In abokan gaba uku sun yo kan Bobi, wace riba ƙungiyarsa take samu?
4. Don me ya bar wasa yana da shekara 30?
5. Wane kuskure ya yi game da kuɗinsa? Me ya kamata ya yi?

Aiki

1. A babbar gasa Bobi ya jefa ƙwallo 270, ya miƙa 645 waɗanda aka ci. Maki nawa ke nan?
2. Ku nemi Kanada, Toronto da Boston bisa taswira.
3. Ku zana filin hoki cikin littafinku, ku sa kowane ɗan wasa a wurinsa.