Kafin Ka Hau Motar Kano

Ɗana, na ji an ce da an gama kakar bana za ka bar Saji ka nufi Kano, kai ma a ga fuskarka a fim. Ba zan hana ka ba, sana'a ce da ke ciyar da gidaje masu yawa. Amma zauna tukuna mu yi magana.

Fuska kake hange, ni kuwa so nake ka kasa kunne. Tun daga Turmin Danya, wanda 'yan Tumbin Giwa suka fitar a 1990, har aka zo zamanin Sangaya a ƙarshen shekarun 1990, abin da ya ɗaga kasuwar fim ɗin Hausa waƙa ce da kiɗan fiyano. Mutane suna kallon Ali Nuhu da Fati Muhammad a Sangaya suna motsa baki, alhali muryar namijin da ta shiga gidajen biki ta Misbahu M. Ahmad ce. Mai danna fiyanon kuwa, tambayi sa'o'inka ko akwai wanda ya san sunansa.

Adam A. Zango da kuke kwaikwayon askinsa, da kiɗa ya shigo masana'antar. Ya zauna a sitidiyo yana haɗa wa wasu sauti kafin a san shi a Basaja da Gwaska. Shi ma Umar M. Shareef ya daɗe yana waƙa kafin Ali Nuhu ya ba shi jagorancin Mansoor a 2017. Duk ranar da darakta bai kira irin waɗannan ba, suna da abin yi a hannunsu. Wanda ya zo da kyan fuska kaɗai, zaman jiran waya zai yi, ga kuɗin haya na tafiya.

Saboda haka in ka isa, nemi ubangida a sitidiyo, irin na wajen Zoo Road. Ka share ɗaki, ka naɗe waya, ka sayo shayi, idonka na kan yatsun mai kiɗa. Kada kuma ka raina kalangun da ka taso kana ji a bukukuwan Rano da Kibiya. Yaran birni da yawa a cikin na'ura kawai suka san amonsa, kai kuwa a kunnenka yake.

Kasuwar ma ta juya. Faifan da ake rububi a Ƙofar Wambai ya mutu, yanzu YouTube ne da tashoshi irin su Arewa24, kuma waƙa tana iya zagaye duniya mai ita bai ga sisi ba. Kafin ka ba da aikinka, a yi maganar kuɗi da sunanka a rubuce, gaban shaida. Duk wanda ya ce ka sayar da akuyar gyatumarka ka kawo masa don ya sa ka a fim, rabu da shi.

Ka yi rajista da Hukumar Tace Fina-finai ta Kano, wadda take nan tun 2001. Sannan ka je wurin mahaifinka da kanka ka gaya masa, kada ya ji a bakin wasu a kasuwa. In ya ce sai an sussuke dawa, to ka tsaya a sussuke.