Tauraro Da Alamar Tambaya: Yadda Kwamfuta Ke Tace Sunayen Fayiloli

Idan malami yana da fayiloli ɗari uku a cikin kwamfutarsa, kuma yana bukatar na darasin lissafi kaɗai, ba sai ya rubuta sunayensu ɗaya bayan ɗaya ba. Ya wadatar ya rubuta siga guda, wato lissafi*.txt, sai kwamfuta ta tsamo masa duk fayil ɗin da sunansa ya fara da "lissafi" ya ƙare da ".txt". Irin wannan alama ta tauraro ita ake kira alamar wakilci, domin tana tsayawa a madadin wasu haruffa.

Alamomin da aka fi amfani da su uku ne. Tauraro yana wakiltar kowane adadi na haruffa, ko da babu ko ɗaya. Alamar tambaya kuwa harafi ɗaya tak take wakilta. Don haka lissafi?.txt zai kama lissafi1.txt, amma ba zai kama lissafi10.txt ba. Sai baka mai kusurwa, wanda ke iyakance zaɓi: lissafi[1-3].txt zai kawo na ɗaya da na biyu da na uku kawai.

Wannan dabara ta bunƙasa ne a ɗakunan bincike na Bell da ke Amurka, inda Ken Thompson da Dennis Ritchie suka fara gina tsarin Unix a 1969. A farko, wani ɗan ƙaramin shiri mai zaman kansa, mai suna glob, shi ke wannan aiki. Daga baya sai aka mayar da aikin cikin taskar manhaja, wato tarin shirye-shiryen da aka riga aka rubuta aka adana, don kada kowane mai tsara manhaja ya sake ƙirƙirarsu. Ƙa'idar POSIX ta 1992 ta tanadi guda biyu a harshen C. Ɗaya shi ne fnmatch, wanda ake ba shi siga da suna guda, ya amsa da "sun dace" ko "ba su dace ba". Ɗayan kuma glob ne, wanda ke leƙa ma'ajiyar fayiloli da kansa ya dawo da jerin sunayen da suka dace. Harshen Python ma yana da taskoki biyu masu waɗannan sunaye.

To, ta yaya ake gwajin? Shirin yana bin siga da suna harafi bayan harafi. Da ya iso kan tauraro, sai ya fara ɗauka cewa tauraron bai wakilci komai ba, ya ci gaba. In ya tarar da saɓani a gaba, sai ya komo ya ba tauraron harafi ɗaya, ya sake gwadawa. In bai yiwu ba, ya ba shi biyu, har a dace ko sunan ya ƙare. A 2017 Russ Cox ya nuna cewa wasu sanannun manhajoji kan ɓata lokaci mai tsawo idan taurari suka yi yawa a siga, saboda suna komawa kan kowane tauraro, alhali komawa kan na baya-bayan nan kaɗai ya isa.

Akwai abin da ya kamata ɗalibi ya kiyaye ƙwarai. A tsarin Unix da danginsa irin su Linux, shirin da ke karɓar umarni shi ne ke fassara tauraro ya zama jerin sunaye, tun kafin umarnin ya fara aiki. Saboda haka umarnin rm, mai share fayiloli, ba ya ganin tauraron, sunaye kawai ake miƙa masa, kuma galibi ba ya neman tabbaci. Wanda ya rubuta rm *.txt ya share fayilolin rubutu ne. Wanda kuwa yatsarsa ta zame ya bar tazara, ya rubuta rm * .txt, to ya share duk fayilolin da ke wurin, in ban da waɗanda sunansu ya fara da ɗigo, domin su tauraro kan tsallake su.

A 1998 an ba da umarnin sharewa mai tauraro bisa kuskure a kamfanin Pixar, aka goge mafi yawan fayilolin fim ɗin Toy Story 2. Ajiyar ko-ta-kwana ta kamfanin ba ta yi amfani ba. Kwafin da wata ma'aikaciya ta ajiye a kwamfutarta ta gida shi ya ceci aikin, har fim ɗin ya fito a 1999. Shi ya sa ƙwararru kan fara gwada siga da umarnin ls, wanda ke nuna sunaye kawai, su karanta jerin da idonsu, sannan su maye gurbinsa da rm.